Kawuna, Wanda Ya Mutu Yana Sabon Ɗauka

Daga Allah muke, wurinSa za mu koma. Wannan ba ni da gardama a kai. Gardamata da wasu mutane ce, kuma suna nan da ransu a Maraɗi.

Kawuna ya rasu cikin zafin bazarar nan, a gidansa na Jiratawa, da hantsi. Kafin azahar ƙofar gida ta cika. Mutanen Tsibiri a ƙasa suka zo, Inna mahaifiyata tana gaba, tana tafe tana kiran yayanta kamar wanda ya ɓuya mata a bayan rumbu. Daga Maraɗi wani direban kamyo, babbar motar kaya, ya kwaso mutane kyauta, ya ce a hannun mamacin ya koyi karanta lambar mota, ba zai karɓi ko tamma ba. Akawuna masu wando da takalmi, waɗanda suka manta yadda ake zaman ƙasa, ranar nan sun tuna. Akwai kuma wani tsohon ba'azne, maƙwabcin Kawu na gona, wanda ba ya sallah. Ya tsaya can nesa da sahu, hawaye na bin tsagar fuskarsa. Da na je gaishe shi sai ya riƙe mani hannu ya ce, "Yaro, yanzu wa za shi gaya mani abin da takardar haraji ta ce, ban ji tsoron ana cutata ba?"

Duk wanda ya iso abu ɗaya yake faɗi: Babban Mushe ya tafi. Mushe dai shi ne malamin lakwal, wato makarantar boko, kowa ya sani. A bakin gari babba ne. A wurin waɗanda ya yi wa aiki shekara ashirin da ɗoriya kuwa, ya bar duniya yana sabon ɗauka, daidai da yaron da aka ba alli jiya. Ba ƙarin girma, ba fansho. Bargo ɗaya suka ba shi ranar da suka sallame shi.

Da aka fito da makara na ga an lulluɓe shi da bargon nan. Ban yi shawara da kowa ba, na yaye shi na jefar a gindin danga, na cire babbar rigata na rufa. Ƙanensa, wanda muke ce wa Kawu Ƙarami, ya ce, "Kai, mi ke damunka? A gaban gawa?" Na ce, "A gaban gawa, Kawu. Da wanga abu ba za shi shiga ƙasa ba." Aka ɗauka.

Ni ba mai ilimi ba ne. Shekara biyu na yi a ajinsa kaina ya ƙi ɗauka, na ƙare a dako a bakin kantuna har bayana ya lalace, na koma gadin wani sito. Rubutun da kuke gani ma shi ya koya mani daga baya, a ƙasa, da tsinke. Ina yin sa ne don kada a manta da shi, kuma don masu koyarwa a lakwal ɗin da ba ta gwamnati ba su ji abin da ya faru. Akwai ɗansa, taubashina, yana koyarwa a wurin da ubansa ya tsufa. Ranar da aka tashi daga sadakar bakwai, saura ƙiris shi ma shekarunsa su bi na ubansa. Zan zo kan wannan.

Lakwal ɗin ba zan faɗi sunanta ba. Wasu Turawa masu sayen gyaɗa suka buɗe ta don 'ya'yan akawunansu da masu awonsu, daga baya duk mai iya biya ya kawo nasa. Kawu na cikin waɗanda aka fara da su. Shi kansa ba da son ransa ya yi karatu ba. Yana ƙarami aka ce kowane gari ya ba da yaro, mai gari ya duba wanda ubansa ba shi da baki, aka tura shi. Ya dawo da faransanci a baki, amma ƙafarsa ba ta taɓa barin gona ba.

Ajin ƙanana aka ba shi, kuma nan ya dawwama. Doka ita ce ba a Hausa a cikin aji. Shi kuwa in ya ga yaro ya yi tsuru-tsuru, sai ya je ya leƙa ƙofa, ya dawo ya sunkuya ya raɗa masa da Hausa, sannan ya miƙe ya daka tsawa da faransanci don darekta ya ji ana aiki. Ba ya duka sai kan ƙarya. In yaro ya kasa, cewa yake, "Kai ba ka kasa ba, ni ne ban iso inda kake ba. Zamna, ina zuwa." Alli kullum a bayan kunnensa, har masallaci. Yana da keke, amma tura shi ya fi hawa, don ko'ina aka tare shi da takarda sai ya tsaya ya karanta wa mutum, ya kuma gaya masa abin da zai ce in ya je bariki.

Ranar da na gudu daga ajinsa na koma Tsibiri, Baba ya riga ya yanko tsumagiya. Sai ga Kawu da yamma, ya turo kekensa cikin rairayi tun daga Maraɗi. Ya ce wa Baba, "Aje wannan. Ɗan nan kansa ba na allo ba ne, amma bai taɓa yi mani ƙarya ba. Kada ka koya mashi da bulala." Ko ruwa bai gama sha ba ya juya. Wannan mutumin ne nake magana a kansa.

Abin da ya kashe masa shekaru kuwa, damina ce.

Kawu shi ne babba a gidansu, shi ke riƙe da gandu. A Jiratawa, in ruwan shuka ya sauka, mai gida ne ke ɗaukar sungumi ya yi saran farko da hannunsa, sannan sauran mutanen gida su bi. Ba a aike, ba a wakilci. Wanda ya bar gandun ubansa wani ya sara masa, ko da rai ko ba rai, an gama da shi a gari. Ita kuwa lakwal ba ta rufewa sai ruwa ya yi kamar wata guda da sauka, kuma tana buɗewa tun gero bai gama shiga rumbu ba. To da zarar gabas ta fara haɗa hadari, yara sun san Mushe ya kusa tafiya. Yana cikin karatu sai ya tsaya bakin ƙofa yana shaƙar iska.

Ranar da ruwa ya sauka, sai ya sa farar rigarsa, ya je ofishin darekta, ya cire takalmi, ya yi gaisuwa, ya ce gona ta kira shi, yana neman a yarje masa. Darekta ya yi dariya ya buga masa kafaɗa ya ce ya tafi, wurinsa na nan. Kawu ya yi godiya. Ya san ba za a biya shi watannin damina ba, alhali sauran malamai ana biyansu ko lakwal na rufe. Ya yafe. A ganinsa wannan ke nan kuɗin gonar, ya biya, an rabu lafiya. Bayan girbi sai ya ɗora damin gero mafi kyau a kan jaki, da zabi biyu, ya kai wa darekta, yadda ake yi wa ubangidan da ya yi maka alheri. Darektoci sun zo sun tafi, wani dogo wani gajere, wani mai mata wani gwauro. Ba wanda ya mayar da geron. Ba wanda ya buɗe baki ya ce, bawan Allah, abin nan da kake yi kowace shekara ajiye aiki ne, dawowarka kuma sabuwar ɗauka ce.

Shi yana ganin an ba shi izini. Su suna ganin sun samu tsohon hannu a farashin sabo.

Samari suka riƙa zuwa, wasu daga bakin teku, wasu ma yaran da ya koya wa riƙon alli. Su ba su da gandu, ba inda za su, suna nan har a rufe. Shekara biyu uku sai ka ji an ɗaga wane, an ba shi ajin manya, an ƙara masa. Kawu na nan da ƙanana masu majina. In na yi magana sai ya ce, "Su suna da babbar takarda, ni ba ni da ita." Ƙarya aka bar shi da ita. Akwai waɗanda takardarsu ba ta fi tasa ba, daɗewa kawai aka duba aka ɗaga su.

Shekarun baya kaɗan, lokacin da aka fara maganar sandika, wato ƙungiyar ma'aikata, da zaɓe a Maraɗi, sai labari ya zo cewa malaman lakwal masu zaman kansu su ma za a riƙa ɗaga su bisa daɗewarsu, kuma wanda ya tsufa zai samu fansho kamar na gwamnati. Idon Kawu ya riga ya fara hazo. Ya sayi goro ya raba a masallaci. Ya gaya wa matarsa, wadda muke kira Iya, cewa ta kusa daina kai daddawa kasuwa. Ya aiko aka kira ni, ya ce in raka shi, don yana son wani nasa ya ji da kunnensa.

Muka shiga. Darekta, wani Bature, na zaune, mataimakinsa na tsaye a gefe. Mataimakin nan Kawu ne ya share masa hanci a ajin farko. Kawu ya yi gaisuwa, ya faɗi abin da ya kawo shi. Baturen ya yi magana mai tsawo, ni ban ji ba, amma na ga wuyan Kawu ya saki. Na ce wa mataimakin, "Mi ya ce?" Ya dubi ƙasa ya ce, "Ya ce shekarun da ake lissafawa sai waɗanda ba su yanke ba. Mushe kuwa kowace damana shina barin aiki da kansa. Bai taɓa cika shekara guda a jere ba."

Na ce, "Wa ya gaya mashi haka tun can?"

Ya ce, "Ba wanda ya kore shi. Shi ke zuwa ya ce za shi tahi."

Na ce, "To tambayi ubangidanka, geron da suka ci shekara da shekaru, da zabin, na baƙo ne ko na ɗan gida? Kai kuma, da ka san haka ake rubutawa, bakinka ciwo yake?"

Kawu ya juyo ya ce, "Rufe mani baki." Ya sake yi wa Baturen godiya. Godiya! Ya sa takalminsa muka fita.

A hanya muka yi faɗan da ba mu taɓa yi ba. Na ce mu je wurin 'yan sandika, mu je bariki, mu tara duk wanda ya taɓa zama a ajinsa su cika ƙofar ofishin. Ya ce shi ba zai tsaya a gaban jama'a yana ƙarar yaron da ya rena ba. Na ce yaron ya sayar da shi. Ya ce, "Yana da 'ya'ya, tsoron bakin aikinsa yake." Na ce, "Kai ba ka da su?" Ya tsaya da kekensa ya dube ni ya ce, "Ni na je da ƙahwata, ɗan nan. Ba wanda ya ɗaure ni." Na ce masa wannan kunyar tasa ita suka daɗe suna ci, ta fi geron daɗi. Ya hau keken, abin da ba ya yi, ya bar ni a tsaye. Mun daɗe ba mu yi magana ba. Har yau ban ce shi ke da gaskiya ba.

Daga baya na ji ya je shi kaɗai wurin mai duba makarantu na gwamnati. Aka karɓe shi da mutunci, aka ba shi kujera, aka ce lakwal ta masu kuɗinta ce, abin da suka rubuta shi ke nan. Ga inda malamin lakwal mai zaman kanta yake: in ana neman wanda zai koyar da yara, malami ne, in ya zo neman hakkinsa, gwamnati ta ce ba nata ba ne, masu lakwal su ce baƙonsu ne. Alli ɗaya, yara ɗaya, ciwon maƙogwaro ɗaya da na gwamnati. Ana ta cewa Faransa ta kusa tafiya. Ta tafi mana. Ni dai ina so in ga ko waɗanda za su zauna a kujerun za su lissafa wa irin su Kawu ko shekara ɗaya.

Abu guda ya yi bayan wannan. Ɗansa ya riga ya fara koyarwa a lakwal ɗin, kuma daminar farko ya bi uban zuwa gona. Kawu ya kira shi ya ce, "Daga yau ko gawata ce a gonar nan, in lakwal ba ta rufe ba kada in ga ƙahwarka." Da idon ya ƙara lalacewa suka sallame shi da bargo. Ya koma Jiratawa ya ci gaba da saran farko da lalube, tsohon ba'aznen nan yana riƙe masa gefen riga yana daidaita shi. Iya ba ta daina kai daddawa kasuwa ba. Taubashina kuwa shekarunsa suka fara jeruwa, har an ɗaga shi sau ɗaya. Ranar da labarin ya zo, an ce Kawu ya sa aka yanka zakara.

To ga abin da ya faru bayan sadakar bakwai.

Ruwa ya sauka da yammacin ranar, mai yawa, ruwan shuka. Da safe taubashina ya fito da kekensa, da farar taguwa da wando, zai koma Maraɗi, don kwanakin da aka ba shi na zaman makoki sun ƙare. Sai ga Kawu Ƙarami da dattawan gida a ƙofa, da sungumin marigayi a hannu.

Ya ce, "Ina zuwa?"

Taubashina ya ce, "Lakwal, Baba."

"Lakwal. Ƙasa ta jiƙe, uban gida ya kwanta, kai ne babban ɗa, kana cewa lakwal. Wa za shi yi sara? Wa za shi tsaya kan noman hwari? In ba ka so, hwaɗi a gaban mutane, in haɗe gonar da tawa, uwarka ta riƙa aiko ƙwarya ana auna mata."

Iya na cikin takaba, tana bayan danga, tana ji. Taubashina ya ce zai riƙa zuwa ran Lahadi. Wani dattijo ya ce gona ba ta san Lahadi ba. Taubashina ya ce ubansa ya hana shi. Kawu Ƙarami ya ce, "Ya hana ka don shina da rai shina yi. Yanzu hwa?" Ya miƙa masa sungumin.

Na ga yaron nan ya jingine keke. Na ga ya sunkuya yana kwance igiyar takalmi. Wallahi kamar ubansa nake gani a ƙofar ofis. Ya miƙa hannu ya karɓa.

Ni na bar gona tun ina saurayi, na rantse ba ni ba ita. Amma ni ɗan mace ne, shi ɗan namiji. Tun muna yara yake ce mani bawansa, kowace shekara in je in share masa ƙofa da wasa in karɓi kuɗin shara. Kuma kowa ya san abin da taubashi ya fizge a hannun taubashinsa, ba a fushi, ba a kai ƙara. Na taka na fizge sungumin.

Na ce, "Kai, ubangijin banza. Ina ka taɓa ganin mai bawa na sara da hannunsa? Dubi hannunka kamar na amarya. Sa takalminka."

Ya ce, "Ba ni, ba wasa ake ba."

Na ce, "Wa ya ce maka wasa nake? Shekara nawa kana kirana bawa kana biyana da goro ɗaya? Yau ka samu aikin kuɗinka."

Kawu Ƙarami ya ce, "Ɗan mace ba shi gadon gona."

Na ce, "Ban zo gado ba, Kawu. Ko zangarniya ɗaya ba ni so, duk rumbun Iya za ta. Gonar tasa ce. Hannun bawa hannun ubangijinsa ne, ko ba haka kuka koya mana ba?"

Dattawa suka dubi juna. Tsohon ba'aznen nan, da ke tsugune a gefe da irin shukarsa, ya fashe da dariya har da tari. Ya ce, "Ya kama ku. Haka yake tun kakanni, ni na ga an yi. In taubashi ya sara, mai gona ne ya sara. Sai dai in yau za ku canza." Daga bayan danga muryar Iya ta fito, a hankali: "Ku bar mani ɗa ya tahi aikinsa."

Kawu Ƙarami ya kaɗa riga ya ce za a gani in bayana zai kai maimai, noma na biyu. Wannan kam ya faɗi gaskiya, ni ma ban sani ba. Mai sito ya ce in na wuce wata ya sa wani. Ya sa. Ni ba a taɓa yi mani alkawarin fansho ba balle in rasa.

Taubashina ya ɗaura takalminsa. Ya zo zai yi magana na ce, "In ka yi mani godiya irin ta ubanka, da sungumin nan zan bi ka." Ya hau keke, taɓo na tsalle a bayan farar taguwarsa, ya nufi Maraɗi. An ce ya isa ana buga ƙararrawa.

Saran farko da na yi ya karkace. Tsohon ya riƙe gefen rigata ya ce, "Makaho ma ya hi ka miƙe layi." Na ce ya yi shiru ya ja ni. Yanzu gero ya kai gwiwa. Da rarrafe nake shiga ɗaki in na dawo, amma shekarun yaron nan suna nan a jere, ba wadda ta yanke.

Allah Ya jiƙan Kawu, Ya haskaka masa kabarinsa, Ya ba Iya haƙuri. Shekarun da mutane suka ƙi lissafa masa, Allah Ya lissafa masa su cif, har da daminonin.